Bawana Bakano, Ka Daina Fasa-Ƙwaurin Kwanaki

Zuwa ga bawana na Kantin Kwari, bayan gaisuwa irin ta ubangida ga yaronsa. Ina ciniki, ya kuka ji da zafi da ƙugin janareto? Mu nan Yauri sai godiya, gero yana rumbu, rake yana fadama. Kuma tun kafin ka fara kame-kame, Yauri ta ƙasar Matamaye nake nufi, cikin jihar Damagaram, ba ta bakin Kwara da ke jihar Kebbi ba. Na san Bakano ba ya riƙe sunan gari sai in yana bin wani bashi a cikinsa.

Duniya ta shaida babu abin da Bakano ba zai saya ya sayar ba. Atamfa, goro, kirgi, tsohon ƙarfe, har buhun da aka zazzage. Mun haƙura da wannan tun zamanin ayari. Abin da ba za mu lamunta ba shi ne sabuwar hajar da ka ɓullo da ita, wato kwanaki. Ka mai da kwanan wata kayan fasa-ƙwauri, ka shigo da na Najeriya, ka fita da na Nijar, babu duwan ɗinmu da ya tare ka a Maimujiya, babu kwastan ɗinku da ya buɗe jakarka a Kongolam.

Ga hujja, don kada ka ce ƙazafi ne. A 2024 mu da ku rana ɗaya muka ɗauki azumi, Litinin 11 ga Maris. Daren 8 ga Afrilu Majalisar Musulunci ta Nijar ta ba da sanarwar an ga wata, muka wayi gari Talata da Sallah, azumi 29. Ku kuwa fadar Sarkin Musulmi ta ce ba a gani ba, a cika 30, Sallah sai Laraba 10 ga Afrilu. To ina kake a lokacin? Kana zaurena. Iyakar da aka rufe bayan juyin mulki ba ta daɗe da buɗewa ba ka sauka, wai ka zo zumunci, kai da rabonka da zumunci tun ranar da ka gano ba a samun riba a cikinsa. Sai ga shadda mai sheƙi ta fito daga jaka, a goge, da hula a karye, alhali ka ce kwana ɗaya za ka yi. Ka bi mu idi, ka ci tuwon Sallarmu, ka tsotse ƙashin kaji, ka kora da fura. La'asar na yi ka kama hanyar Daura. Laraba da safe aka gan ka a sahun gaba a Ƙofar Mata, fuska a sunkuye, sai ka ce wanda ya cika talatin. Azumi na Nijar, Sallah biyu, barka da Sallah kuwa ba ka ba kowa ba a ƙasashen biyu, don a nan ka ce kai baƙo ne, a can ka ce ka riga ka raba a Nijar.

Da na tuhume ka sai ka jawo fatawa: malamai sun ce matafiyi ya bi mutanen garin da ya tarar, ya yi azumi ranar da suka yi, ya sha ruwa ranar da suka sha. Gaskiya ne sun faɗa. Amma sun faɗa ne don wanda tafiya ta kama, ba don wanda ya kama tafiya ba. Kuma ka tsallake sauran maganar. Duk shekarar da muka riga ku ɗauka muka riga ku ajiyewa, wanda ya fara da ku ya ƙare da mu zai iya tashi da azumi 28, wata kuwa ba ya gaza 29, don haka ramuwar kwana ɗaya tana wuyansa. Wannan rabin fatawar ba ka taɓa jin sa ba, wai lokacin ana kiranka a waya.

Na san abin da ke bakinka, don ka sha faɗa a rumfarka in ka tara 'yan kallo. Za ka ce a Litinin ɗin 8 ga Afrilun aka yi husufin rana a Meziko da Amurka da Kanada, kuma masu ilimin falaki sun ce rana ba ta husufi sai wata ya gitta tsakaninta da ƙasa, wanda shi ne lokacin haihuwar sabon wata. Lissafinsu ya ce an haife shi wajen ƙarfe 7:20 na dare a agogonmu, bayan rana ta riga ta faɗi a Damagaram, kuma da wuya ido ya kama jinjirin wata kafin ya yi awa 15 da haihuwa. To, in ji ka, wane wata mutanen Nijar suka gani?

Ku kuka jawo. A watan Agustan 2023, saboda juyin mulkin 26 ga Yuli, kuka yanke mana wutar lantarki, muka yi wata bakwai muna kwana a tsakar gida muna kallon sama. Idon da ya sha irin wannan horo ba ya jiran a haifi wata, tun yana ciki yake gane shi. Ku kuwa, da hayaƙin A Daidaita Sahu da ƙurar Singa, ko wata ya kwana uku sai an nuna muku shi da sanda, ku ce a rage muku wani abu tukuna.

Wannan amsar rumfa ce. Ta zaure kuwa, wadda nake ba mutanenmu in babu Bakano a kusa, ita ce shaida abin bincike ce. Mutumin kirki, mai salla, wanda bai taɓa ƙarya ba, yana iya ganin tauraruwar Zahra ko siririn gajimare ko farin layin da jirgin sama ya bari, ya rantse har ga Allah wata ya gani, musamman in ya kwana 29 yana ƙishirwa a zafin Afrilu. Aikin masu karɓar shaida ne su tambaye shi: ƙarfe nawa, ta wane gefen mafaɗar rana, bisansa nawa daga ƙasa, ƙahonninsa ina suka duba? Wanda ya gani ba ya jin haushin tambaya. Kuma kada ka yi saurin dariya, don a wannan Talatar, a cikin birnin Sakkwato kanta, akwai malamin da ya ja mabiyansa suka yi idi bisa ganin Nijar, sanarwar Sarkin Musulmi na nan daram. Ashe ɓarakar ba a iyaka kaɗai take ba, har cikin ɗakinku ta shiga.

Yanzu ajiye kalkuleta ka ɗauki taswira. Kano tana kudu da mu sak. Rana tana tsayawa tsaka a Yauri da Kano kusan a minti ɗaya. Yamai kuwa tana can yamma, rana ba ta faɗuwa a can sai bayan mu da kamar minti 25. Mun sha ruwa, mun yi Magariba, su suna ta duban agogo, alhali agogon namu da nasu ƙarfe ɗaya yake nunawa. Tsakaninku da Sakkwato ma akwai kamar minti 13. Ma'ana, samaniyar da ke kaina ta fi kusa da taka fiye da ta Yamai, abin da bai yi mini daɗi ba, amma haka Allah ya tsara. Duk da haka ni ina zaune gaban Télé Sahel ina jiran Yamai, kai kana manne da rediyo kana jiran Sakkwato. Mutumin Ɗan Barto da ɗan'uwansa na Mai'aduwa, masu cin kasuwa ɗaya ranar Lahadi, masu auren 'ya'yan juna, sai ɗaya ya wayi gari da tuwon Sallah, ɗayan leɓensa a bushe. Matar da aka kai aure ƙetaren iyaka tana azumi, uwarta ta aiko mata da abincin Sallah.

Wa ya raba su? Turawan Ingila da na Faransa, da yarjejeniyoyinsu na 1898 da 1904 da 1906, sannan jami'ansu Tilho da O'Shee suka bi daji daga 1906 zuwa 1908 suna kafa turaku. Masu cewa kowace ƙasa da ganinta suna da madogara, hadisin Kuraibu, wanda ya ga wata a Sham daren Juma'a zamanin Mu'awiya, ya iso Madina ya tarar sun gani daren Asabar, Ibn Abbas kuma bai bar ganin Madina ya bi na Sham ba. Amma Sham da Madina tafiyar makonni ce a kan raƙumi, sama da kilomita 1,000. Daga nan zuwa Daura kuwa, mai babur yana zuwa ya dawo hantsi bai dubi ludayi ba. Ban ji malamin da ya ce turakun Tilho ne ke raba mafitar wata ba. Bin shugaba don kada kan jama'a ya rabu hujja ce mai ƙarfi, na yarda da ita, shi ya sa nake jiran Yamai. Sai dai shugabannin biyu suna da waya.

Kada kuma ka ɗauka kai ka ƙago wasa da lokaci, ka je kana alfahari a Kwari. Larabawan jahiliyya sun riga ka. Suna da watanni huɗu masu alfarma da ba a yaƙi a cikinsu: Zulƙida, Zulhajji da Muharram a jere, sai Rajab shi kaɗai. Ƙabilun da ke rayuwa da hari suka ga wata uku a jere babu ganima ya yi musu tsawo. Sai wani daga Banu Kinana ya riƙa miƙewa a lokacin aikin hajji yana shelar cewa bana an ɗage alfarmar Muharram zuwa Safar. Wanda ya fito da iyalinsa da raƙumansa yana ganin watan aminci ne, sai ya faɗa hannun waɗanda suka sauya wa watan suna. Suratut Tauba ta soke wannan ɗage-ɗagen, ta tsayar da watanni 12. Ka ga dokar hana murɗa lokaci tsakanin abokan gaba ba sabon abu ba ce, kuma dalilinta ba ya tsufa: duk mai matsar da kwana, akwai wanda yake so ya ci da shi.

Turawa ma sai da suka zauna. A watan Oktoban 1884 ƙasashe 25 suka taru a Washinton don a tsayar da wuri ɗaya da duniya za ta riƙa auna lokaci daga gare shi. Turawanku suka ci, aka zaɓi Girinwic da ke Landan da ƙuri'a 22. Turawanmu na Faransa suka ƙi jefa ƙuri'a, suka koma gida suka ci gaba da agogon Faris har 1911. Da suka gaji suka bi sahu, bakinsu bai iya furta sunan garin Ingila ba, sai suka rubuta a doka cewa lokacin Faransa shi ne lokacin Faris da aka jinkirta da minti 9 da daƙiƙa 21. Tamkar Bakanon da aka kayar a ciniki, ya karɓi kuɗin yana cewa ai dama sadaka ya yi niyya.

Na kusa-kusa ma akwai. A watan Maris na 2023 firaministan Labanan, Najib Mikati, ya ɗage matsar da agogo gaba da awa ɗaya da suka saba yi duk bazara, wai sai ƙarshen azumi, don masu azumi su sha ruwa ƙarfe shida maimakon bakwai. Cocin Maroniyawa da wasu makarantu da gidajen talabijin suka ce ba su san zancen ba, suka matsar da nasu. Ƙasar da girmanta kusan rabin jihar Kano ne ta kwana da agogo biyu, har gwamnati ta janye bayan 'yan kwanaki. Azumin kuwa ko minti ɗaya bai ragu ba, don rana ba ta duba agogon kowa kafin ta faɗi. Amma labarin da ya fi tsaya mini a rai na Koriya ne. A 2015 ta Arewa ta mai da agogonta baya da rabin awa don kada ya yi daidai da wanda Japan ta ɗora musu zamanin mulkin mallaka, wanda kuma ta Kudu ke bi. A watan Afrilun 2018 shugabannin biyu suka gana a Panmunjom, ɗakin taron da agogo biyu a bango, ɗaya na Seoul ɗaya na Pyongyang. Kafin mako biyu ta Arewa ta mai da nata daidai da na maƙwabciyarta. Mutanen da bakin bindigoginsu ke kallon juna tun 1953 sun daidaita agogo, mu da muke cin tuwo a akushi ɗaya mun kasa daidaita Sallah.

Shi ya sa na zauna na tsara yarjejeniya tsakanin Damagarawa da Kanawa, ta hana murɗa lokaci. Daurawa ne shaidu, tunda ta ƙofarsu kake wucewa da kayan, kuma su ne manya, ba a yi musu gardama.

Babban sharaɗi shi ne inda ka ɗauki azumi, nan za ka ajiye shi. Daga 25 ga Ramadan babu Bakanon da zai taka ƙasar Matamaye sai da dalili mai ƙarfi, kuma bin bashi ba dalili ba ne. Wanda aka kama da gogaggiyar shadda a ƙasan jaka, ya tabbata ɗan sumoga. Ba za mu sa shi azumi ranar idinmu ba, don haramun ne, mu kuma ba ma wasa da shari'a. Za a dai zaunar da shi a zaure a ba shi gayan tuwo, yara su riƙa wucewa ta gabansa da cinyoyin kaji. In ya koma gida Daurawa su ƙirga masa kwanakinsa da tsakuwa, abin da ya gaza ya rama. Haka nan an hana shi dabararsa ta cikin gari, wadda ya ɗauka ban sani ba: ya yi sahur da ladanin da ya fi kowa jinkirin kiran asuba, ya sha ruwa da wanda ya fi kowa saurin kiran Magariba. Da asuba shi ɗan wannan masallaci ne, da almuru ɗan wancan, aƙidarsa tana bin cikinsa. Ya zaɓi ladani ɗaya ya riƙe har ƙarshen wata.

Don kada ka ce takardar ta karkata, mu ma mun ɗauki namu nauyi. Damagarawa sun yarda a yi wa duk mai shaidar ganin wata tambayoyin nan da na lissafa, kuma in masu lissafi suka ce ba a haifi watan ba tukuna, a ƙara tambaya, a ba shi ruwan sanyi bayan Magariba ya sake tunani. Ba za a karɓi shaidar mai sayar da kaji ba in ya ce ya gani. Ba za a karɓi ta tela ba in ya ce bai gani ba, don tela da ɗinkin mutane jibge a gabansa, ko wata ya sauko ya zauna a kan kekensa cewa zai yi gajimare ne.

Akwai ɗan sharaɗi a kan kalmomin kasuwa. Goben Bakano daga yau kwana ɗaya ce, ba ta wuce haka. In ya ce a waya ga shi nan a hanya, dole ƙafarsa ɗaya ta kasance a waje da shago. Direban da ya ce saura mutum ɗaya mota ta tashi, in aka ƙirga aka ga saura biyar, shi zai biya kuɗin huɗun. Wannan sharaɗin ya hau kan direbobin tasharmu ma, kuma na san su za su fara kai ƙarata.

Sharaɗin da ba na wasa ba, wanda da za a ɗauke shi da na yafe sauran, shi ne daren 29 ga Sha'aban da daren 29 ga Ramadan, kafin kowa ya hau rediyo, Yamai da Sakkwato su yi magana da juna. Shaidar da aka samu a Kance ko Magarya a kai ta Daura da Kazaure a auna, wadda aka samu a Daura a kawo ta Damagaram. In ta tsaya, ta tsaya wa kowa. In ta faɗi, ta faɗi ga kowa. Sarakunan nan suna aika wa juna wakilai in an yi rasuwa ko naɗi, ba sabuwar hanya za a sara ba. In bayan haka aka saɓa, to an saɓa bisa ilimi, ba don layin waya ya ƙare a Maimujiya ba.

Wanda ya karya yarjejeniya kuwa, ba sai na tuna maka Sarkin Damagaram Amadu Kuran Daga ba, da yadda dawakin Damagaram suka yi kiwo a ƙasar Kano zamanin Sarki Alu. Kai za ka ce ku kuka kore shi, ni in ce shi ya ga damar komawa gida don ruwanku bai karɓe shi ba. Wannan gardamar na cire ta daga takarda, don in aka sa ta ba za a gama ba sai wata Sallar.

Saura batun da ya fi ci mini rai, kuɗin shara. Kowa ya san ranar cika-ciki, 10 ga Muharram, abokan wasa ke warware wannan lissafi. Duk shekarar da watanmu ya riga naku, in na kira ka ranar goma sai ka ce a Kano yau tara, in yi haƙuri sai gobe. In na kira gobe sai ka ce ai kai a wannan harka lissafin Nijar kake bi, ranar ta wuce tun jiya, sai baɗi in da rai. Shekarar da watan ya zo daidai kuwa wayarka ce ke faɗawa ruwa. Takarda ta rufe wannan ƙofa: ranar biya ita ce 10 ga Muharram ta garin mai karɓa, ni ne kuma mai karɓa. Ka haɗa da na shekarun baya, ka ba direban Matamaye ya kawo. Kuma da sefa za ka biya, don tun da jika ɗaya ta haura naira 2,000 a 2024 na daina karɓar kuɗinku.